Zinariya, Zobe da Talaka: Bernard Shaw Tsakanin Opera, Falsafa da Walwalar Jama'a

Gabatarwa

A farkon shekarun 1880, masu zuwa babban ɗakin karatu na Gidan Tarihin Birtaniya da ke Landan sun saba ganin wani saurayi siriri mai jan gemu yana zaune da littattafai biyu buɗe a gabansa. Ɗaya fassarar Faransanci ce ta Das Kapital, littafin Karl Marx a kan jari-hujja. Ɗayan kuwa rubutaccen kiɗa ne na Tristan und Isolde, wasan opera na Bajamushen nan Richard Wagner. William Archer, mai sharhin wasannin kwaikwayo wanda daga baya ya zama amininsa, shi ne ya ba da wannan labari. Saurayin shi ne George Bernard Shaw, mutumin ƙasar Ailan, wanda a lokacin ba shi da tsayayyen aiki, kuma maɗaba'u sun yi ta mayar masa da ƙagaggun labaran da yake rubutawa.

Ɗaliban adabi sun fi sanin Shaw da wasannin kwaikwayo irin su Arms and the Man da Pygmalion, da kuma lambar yabo ta Nobel ta shekarar 1925. Sai dai alƙalaminsa ya ratsa fannoni uku da mutum zai zaci babu abin da ya haɗa su, wato sharhin opera da falsafa da manufofin walwalar jama'a. Abin da nake son nunawa a wannan maƙala shi ne jijiya ɗaya ce ta ɗaure fannonin nan, ita ce ƙiyayyar talauci. Daga wannan ƙiyayya ce mafi alherin rubutunsa ya fito, wato hujjar cewa abinci da magani da muhalli haƙƙin ɗan ƙasa ne a wuyan hukuma. Daga gare ta kuma mafi munin kuskurensa ya fito, domin ya tsani talauci har ya daina sauraron wanda ke cikinsa.

Daga Dublin zuwa Landan

An haifi Shaw a birnin Dublin ranar 26 ga Yuli, 1856, a gidan da ke taƙama da asali amma aljihu babu nauyi. Mahaifinsa ɗan kasuwar hatsi ne da kasuwa ta juya wa baya, ga kuma shaye-shaye. Mahaifiyarsa mawaƙiya ce, kuma malamin da ke horar da muryarta, George Vandeleur Lee, ya zauna gida ɗaya da iyalin na wasu shekaru. Don haka yaron ya tashi yana jin ana gwajin waƙoƙin Mozart da Handel da Verdi a cikin gida, har ya hardace da yawa daga cikinsu kafin ya kai shekara 15. Opera dai wasan kwaikwayo ne da ake rera maganganunsa da waƙa, taron makaɗa suna raka 'yan wasa daga farko zuwa ƙarshe. Ita ce makarantar Shaw ta gaskiya, don bai taɓa shiga jami'a ba.

Makarantarsa ta biyu ita ce ofishin dillalan filaye da gidaje inda ya kama aikin akawu a 1871. Cikin ayyukansa har da zuwa karɓar kuɗin haya daga hannun matalauta. Ya ga yadda kwabon da aka tatsa a lungu yake bin hanya har ya isa aljihun mai gidan da bai taɓa taka lungun ba. Shekara 21 bayan haka, a 1892, wannan ne ya zama jigon wasansa na farko, Widowers' Houses, inda wani saurayi likita ya ƙyamaci dukiyar surukinsa mai gidajen haya, sai ya gano cewa nasa kuɗin shigar ma daga can yake fitowa.

A 1876 ya bi mahaifiyarsa zuwa Landan. A 1882 ya saurari jawabin Ba'amurken nan Henry George a kan mallakar ƙasa, jawabin da ya tura shi ga karatun tattalin arziki, daga nan kuma ga Marx. A 1884 ya shiga ƙungiyar Fabian, wadda aka kafa a farkon shekarar. Ƙungiyar ta ari sunanta ne daga Fabius, kwamandan Rumawa da ya gajiyar da Hannibal ta hanyar jinkiri da ƙin gwabzawa gaba da gaba. Manufarta ita ce a kai ga gurguzu sannu a hankali, ta hanyar bincike da rubutu da shiga majalisu, ba tare da zubar da jini ba. A nan ya yi aiki tare da Sidney Webb, kuma shi ya shirya kundin Fabian Essays in Socialism na 1889.

Sai mai karatu ya san Ingilar wancan zamani kafin ya gane zafin alƙalamin Shaw. Ita ce ƙasar da ta fi kowace arziki a duniya, amma binciken da attajiri Charles Booth ya fara wallafawa a 1889 ya nuna cewa kusan kashi 30 cikin 100 na mazauna Landan suna cikin talauci. Dokar Matalauta ta 1834 kuwa an gina ta ne a kan ƙa'idar cewa dole rayuwar mai karɓar taimako ta fi ta mafi ƙasƙancin lebura wuya. Wanda ya rasa yadda zai yi sai ya shiga gidan aikin matalauta, inda ake raba miji da mata, a raba uwa da 'ya'ya, a sa musu tufafi iri ɗaya. A idon dokar, talauci laifin talaka ne.

Zoben Wagner a idon ɗan gurguzu

Daga ƙarshen shekarun 1880 zuwa 1894 Shaw ya ci abinci da sharhin kiɗa, da farko a jaridar yamma ta The Star da sunan aro na Corno di Bassetto, daga baya a mujallar The World. Ya yi rubutu da harshen da mai karatu na kan titi zai fahimta, ya kuma yi ta yi wa masu cika sharhi da kalmomin fannu ba'a. A 1889 ya fara ziyartar Bayreuth, garin da Wagner ya gina gidan wasa na musamman don ayyukansa. Sakamakon wannan dogon nazari shi ne ɗan littafin The Perfect Wagnerite na 1898, sharhi a kan Zoben Nibelung, jerin opera huɗu da ke cin kimanin awa 15, waɗanda aka fara nunawa gaba ɗaya a 1876.

Ga labarin a taƙaice. A ƙarƙashin kogin Rhine akwai zinariya da 'yan matan ruwa uku ke gadi. Wani wada mai suna Alberich ya nemi soyayyarsu suka yi masa dariya. Da ya ji cewa duk wanda ya yafe ƙauna har abada zai iya ƙera zoben mulkin duniya da zinariyar, sai ya la'anci ƙauna, ya sace ta. Da ƙarfin zoben ya bautar da danginsa a ƙarƙashin ƙasa, suna haƙo masa dukiya dare da rana. A can sama kuma Wotan, sarkin allolin tatsuniyar Jamusawa, ya sa wasu samudawa biyu sun gina masa fada, ba shi da abin biya. Sai ya ƙwace zoben daga hannun wadan da dabara, ya biya bashi da shi, nan take ɗaya daga cikin samudawan ya kashe ɗan'uwansa a kan rabo. Wotan ba zai iya sake ƙwato zoben ba, domin ikonsa ya dogara ne a kan alkawuran da ke rubuce a jikin mashinsa. Saboda haka ya koma jiran wani jarumi da doka ba ta ɗaure ba. Jarumin shi ne Siegfried, wanda bai san tsoro ba, ya kashe dodon da ke gadin dukiyar, ya kuma karya mashin Wotan da takobinsa.

Masu kallo na zamanin sun ɗauki wannan a matsayin tatsuniyar mutanen dauri. Shaw ya ce musu labarin nasu ne, kuma na yau ne. A karatunsa, Alberich shi ne ɗan jari-hujja da ya sayar da tausayi ya sayi iko. Ramin da bayinsa ke aiki kuwa, in ji shi, ba sai an je Jamus nemansa ba, ana iya samunsa a masana'antar ashana ko ta farar dalma. Misalin ashana bai zo da ka ba. A watan Yuli na 1888 mata da 'yan mata kimanin 1,400 na kamfanin Bryant and May da ke gabashin Landan sun yi yajin aiki, bayan Annie Besant, wadda a lokacin 'yar ƙungiyar Fabian ce, ta fallasa halin da suke ciki. Sinadarin farin fosfuras da ake yin ashana da shi yana ruɓar da ƙashin muƙamuƙin ma'aikata, kuma sai a 1908 majalisa ta yi dokar hana amfani da shi. Hular tsafi da Alberich ke sawa ya ɓace ko ya sauya kama, Shaw ya kwatanta ta da doguwar hular attajiran Landan, wadda ke ɓoye mai hannun jari, ta nuna shi a matsayin mutumin kirki mai ba asibitoci gudummawa. Wotan kuma shi ne hukuma da coci da doka, masu kyakkyawar niyya da suka ci bashin da ya sa dole su haɗa kai da mai zinariya.

Wannan fassara tana da madogara a tarihi. A watan Mayu na 1849 Wagner ya shiga boren da aka yi a birnin Dresden tare da ɗan tawayen Rasha Mikhail Bakunin, ya gudu zuwa Siwizalan, ya yi shekara fiye da goma bai iya komawa gida ba. A tsakanin 1848 da 1852 ne ya rubuta baitocin Zoben. Don haka Shaw bai ƙirƙiri siyasar da ke ciki ba, tono ta ya yi bayan masu sauraro masu hannu da shuni sun binne ta.

Amma a nan ne kuma na fara ganin wata ɗabi'a da za ta bi shi har ƙarshen rayuwa. Opera ta huɗu, Götterdämmerung, wato faɗuwar alloli, ba ta shiga cikin fassararsa ba, domin a cikinta an yaudari Siegfried, an soke shi ta baya, duniya ta ƙone, kuma abin da ya rage shi ne sadaukarwar mace saboda ƙauna. Shaw ya ce a nan Wagner ya bar falsafa ya koma tsohon salon opera na nishaɗi. Yana da hujja guda, don baitocin wannan kashi su aka fara rubutawa. Sai dai kiɗansa shi ne na ƙarshe, an kammala shi a 1874, shekara 20 bayan Wagner ya karanta Schopenhauer, masanin falsafar da ya ɗora ɗabi'a a kan tausayi. Abin da ya saɓa wa tsarin Shaw, sai ya kira shi rauni ya ajiye gefe.

Falsafar Ƙarfin Rayuwa

Tun a littafinsa na 1891 a kan marubucin Norway Henrik Ibsen, Shaw ya kasa mutane gida uku. Ya ce a cikin kowane mutum 1,000, guda 700 sun gamsu da yadda suka tarar da duniya, 299 ba su gamsu ba amma suna rufe gaskiya da kyawawan kalmomi, mutum ɗaya tak ke da ƙarfin halin kallon gaskiya ido da ido. A littafin Wagner ya ƙara gaba, ya ce yawancin mutanen Turai na lokacin ba su cancanci rayuwar da suke yi ba, kuma ba za a ci gaba ba sai an dage wajen samar da ingantaccen irin ɗan Adam. Mai neman 'yantar da talakawa ne ke wannan magana, a cikin littafin da ya zana bautar da su da tausayi mai ratsa zuciya.

Cikakken bayanin falsafarsa ya zo a wasan Man and Superman na 1903, kuma shi ma daga opera ya tsiro. Fitowa ta uku mafarki ce da ta ari 'yan wasan Don Giovanni, operar Mozart ta 1787, ta kai su lahira suna muhawara. A wannan mafarki jahannama wurin holewa ce da daɗin kiɗa da yaudarar kai, aljanna kuma wurin tunani da aiki. Shaw ya ɗauki ra'ayin Schopenhauer na cewa wani makahon nufi ne ke tuƙa duk halitta, ya cire masa baƙin ciki, ya sa masa buri. Ya kira shi Ƙarfin Rayuwa, wani iko da ke gwaji yana kuskure tun daga ƙwayar halitta mafi ƙanƙanta, yana neman ƙwaƙwalwar da za ta fahimci manufarsa. Ya ƙi yarda da bayanin Darwin na cewa sauyin halittu ba shi da manufa, ya fi karkata ga Lamarck da Samuel Butler. A 1921, bayan Yaƙin Duniya na Ɗaya, ya wallafa Back to Methuselah, inda ya kawo tunanin cewa sai ɗan Adam ya riƙa yin shekara 300 a duniya kafin ya yi hankalin mulkin kansa.

Alaƙar wannan da walwalar jama'a a fili take. Idan kowane yaro kayan aiki ne a hannun Ƙarfin Rayuwa, to barin yaro da yunwa ɓarna ce da ta shafi kowa, kamar barin gona mai albarka ta koma saura. Wannan hujja ta fi ta sadaka ƙarfi a wajen muhawara, domin ba ta jiran zuciyar mai kuɗi ta yi laushi. Rauninta shi ne darajar mutum ta koma a kan amfaninsa. Wanda aka auna aka ga ba shi da amfani, falsafar ba ta tanadar masa mafaka ba.

Daga magudanan ruwa zuwa asibitin kowa

Shaw bai tsaya a kan takarda ba. Daga 1897 zuwa 1903 ya zauna a majalisar yankin St Pancras a Landan, yana halartar zaman kwamitoci a kan magudanan ruwa da fitilun titi da kwashe shara. Ya yi fafutukar a gina wa mata makewayin jama'a kamar yadda aka gina wa maza, abin da wasu abokan aikinsa suka ɗauka rashin kunya ne a ambata. Daga wannan gogewa ya rubuta The Common Sense of Municipal Trading a 1904, inda ya nuna cewa ribar aikin hukuma ba a littafin akawu kaɗai ake ganinta ba, ana ganinta a raguwar cuta da mace-mace. Kafin nan, a 1895, yana cikin waɗanda suka kafa Makarantar Nazarin Tattalin Arziki ta Landan tare da Sidney da Beatrice Webb da Graham Wallas.

Wasan Major Barbara na 1905 shi ne inda fannonin uku suka haɗu sosai. Barbara jami'a ce a Rundunar Ceto, ƙungiyar Kirista mai ciyar da mayunwata tana musu wa'azi. Mahaifinta Undershaft attajiri ne mai ƙera makamai. Da kuɗin ƙungiyar ya ƙare, sai ta karɓi gudummawar fam 5,000 daga hannunsa da wata irinta daga mai kamfanin barasa, imanin Barbara ya girgiza. Sannan mahaifin ya kai ta garin da ya gina wa ma'aikatansa, mai tsabta, babu mai yunwa, irin garuruwan da kamfanonin Cadbury da Lever suka gina a Bournville da Port Sunlight. Undershaft shi ne Alberich bayan ya yi wanka ya shiga cikin manya. Tambayar wasan mai ɗaci ce: tsakanin mai ba ka burodi don ka tuba da mai ba ka albashi don ka ƙera igwa, wa ya fi cetonka? A gabatarwar wasan Shaw ya ce talauci shi ne laifi mafi girma, kuma al'ummar da ta ƙyale shi ita ce mai laifin. Ya juya Dokar Matalauta ta 1834 a kanta.

A cikin wannan gabatarwar dai ya jefa wata tambaya da sigar tsokana. Ya ce da za a kashe duk baligin da kuɗin shigarsa bai kai fam 365 a shekara ba, ba tare da azaba ba, a kuma ciyar da kowane yaro mayunwaci a tufatar da shi ko yana so ko ba ya so, ashe hakan bai fi tsarin da ake ciki ba? Masu karatu sun yi dariya, sun ce halin Shaw ne.

Shekarun da suka biyo baya sun kawo sauyi. A 1908 aka yi dokar biyan tsofaffi 'yan shekara 70 fanshon da ya kai sule biyar a mako. A 1909 Beatrice Webb ta fitar da rahoton marasa rinjaye na hukumar binciken Dokar Matalauta, wanda ya nemi a rushe dokar a maye gurbinta da hukumomin lafiya da ilimi da samar da aiki, Shaw kuma ya ba da murya da alƙalami wajen yaɗa shi. A gabatarwar wasan The Doctor's Dilemma, wadda aka buga a 1911, ya ce wauta ce a bar likita ya dogara da kuɗin majiyyaci, don hakan na nufin an ba shi riba a cikin yanke ƙafar mutum. Ya nemi likitoci su zama ma'aikatan hukuma masu albashi. A cikin rubutun dai ya soki allurar rigakafi, matsayin da tarihin cutar agana ya ƙaryata. A 1928 ya fitar da The Intelligent Woman's Guide to Socialism and Capitalism, amsar da ya rubuta wa 'yar'uwar matarsa da ta nemi ya ɗan yi mata bayanin gurguzu. A ciki ya bi hanyoyin raba dukiyar ƙasa ɗaya bayan ɗaya yana rushe su, har ya tsaya a kan cewa kowa ya sami kuɗin shiga daidai da na kowa.

Ba a taɓa aiwatar da wannan shawara ta ƙarshe ba, har Shaw da kansa ya sassauta ta daga baya. Amma ya rayu ya ga rahoton William Beveridge na Disamba 1942, ya kuma ga ranar 5 ga Yuli, 1948, da Hukumar Lafiya ta Ƙasa ta fara aiki a ƙarƙashin minista Aneurin Bevan, a shekarar da aka soke Dokar Matalauta. Ba zan ce shi ya gina wannan tsari ba. Ƙungiyoyin ƙwadago da 'yan siyasa irin su Lloyd George da misalin inshorar ma'aikata ta Jamus da wahalar yaƙe-yaƙe biyu duk sun fi shi hannu a ciki. Nasa aikin shi ne ya shafe shekara 60 yana sa masu hali su ji kunyar abin da a da suke ɗauka ƙaddarar wasu ce.

Inda hanya ta karkace

Wanda ya yarda cewa mutum ɗaya cikin dubu ne ke ganin gaskiya, ba zai daɗe yana haƙuri da ƙuri'ar sauran ba. Alamar farko ta bayyana a 1900, lokacin da Shaw ya shirya wa ƙungiyarsa takardar Fabianism and the Empire, wadda ta amince da cewa manyan dauloli su mulki ƙananan al'ummu da sunan ci gaban duniya, muddin za su yi mulkin da tsari. A ranar farko ta wannan shekara ce Lugard ya ɗaga tutar Birtaniya a Lokoja ya shelanta mulkinta a kan Arewacin Nijeriya. Takardar ta damu da ingancin mulki, ba ta damu da yardar waɗanda za a mulka ba.

A bugun littafin Wagner na baya, Shaw ya amsa cewa Siegfried bai zo ba, Alberich ne ya ci gaba da riƙe duniya. Bayan yaƙin 1914 zuwa 1918 da gazawar gwamnatocin jam'iyyar Leba na farko, sai ya koma neman jarumin a fuskokin masu mulkin kama-karya. A 1927 ya kare Mussolini na Italiya a rubuce. A littafin 1928 ya ce a ƙarƙashin gurguzu ba za a bar mutum ya yi talauci ba, za a ciyar da shi a koyar da shi a ba shi aiki ko bai so ba, in kuma aka ga bai cancanci wahalar ba, mai yiwuwa a kashe shi cikin ruwan sanyi. A watan Yuli na 1931 ya ziyarci Tarayyar Sobiyet, aka yi masa bikin cika shekara 75 a Mosko, ya gana da Stalin, ya dawo yana yabo. A watan Maris na 1933, lokacin da yunwa ke kashe miliyoyin manoma a Yukren da Kazakistan sakamakon tilasta musu shiga gonakin haɗaka da ƙwace hatsinsu, Shaw ya sa hannu tare da wasu a wata wasiƙa ga jaridar Manchester Guardian, suna ƙaryata rahotannin halin ƙunci a ƙasar. A cikin watan ne 'yan jarida Malcolm Muggeridge da Gareth Jones, waɗanda suka je yankunan da ƙafarsu, suka ba da labarin abin da suka gani.

Masu kare Shaw sukan ce ɗan tsokana ne, yana faɗin abin da ya wuce kima don ya farkar da masu barci, kuma da ya yi maganar kawar da matalauta yana nufin kawar da ajin ne ta hanyar azurta su. Na yarda da wannan a wurare da yawa, musamman a bakin 'yan wasa a kan dandamali. Amma wasiƙar da mutum ya sa wa hannu da sunansa a jarida shaida ce, kuma an bayar da ita a kan mutanen da ke mutuwa. Wanda ya gane ramin Alberich a masana'antar ashana ta gabashin Landan ya kasa gane shi a ƙauyukan Yukren, domin a wannan karon mai riƙe da zoben yana magana da harshen da Shaw ke so.

Kammalawa

Shaw ya rasu ranar 2 ga Nuwamba, 1950, yana da shekara 94, a gidansa na ƙauyen Ayot St Lawrence, bayan ya faɗi yana gyaran bishiya. Ya bar hujjoji da har yanzu suke aiki a duk inda ake muhawarar ko hukuma ta biya kuɗin maganin talaka ko ta bar shi da aljihunsa. Hujjarsa a kan likita mai riba a cikin cuta ba ta tsufa ba, haka ma ganewarsa cewa sadaka tana iya zama hular da ke ɓoye inda dukiya ta fito. A ganina bai kamata kuskurensa ya sa a zubar da waɗannan ba, kamar yadda bai kamata su kuma su wanke kuskuren ba.

Abin da tarihinsa ya nuna shi ne tsarin walwala yana fuskantar tambayoyi biyu, ta abin da za a ba mutum da ta ko an nemi jin ta bakinsa. Shaw ya amsa ta farko da hazaƙar da ba kasafai ake samun irinta ba, ya raina ta biyu. Akwai wani abu a cikin Zoben da ke haska wannan. A opera ta farko, taron bayin da ke haƙar zinariya ba su da baiti ko ɗaya, ihu kawai suke yi idan ubangidansu ya ɗaga zobe. Wuri ɗaya tak a duk jerin da taron mutane gama-gari ke buɗe baki su rera waƙa tare shi ne opera ta huɗu, kuma su ne Wagner ya bari a tsaye suna kallo bayan fadar alloli ta ƙone. Wannan amshi na taro yana cikin abubuwan da Shaw ya kafa hujja da su cewa kashin na huɗu koma-baya ne.